Kafin a Yanke Hukunci, Wa Ya Kamata Ya Ajiye Kuɗi a Kotu?

Akwai wani iko da kotuna ke da shi wanda yawancin mutane ba su san da zamansa ba sai ranar da ya faɗo a kansu. Wani ya kai ƙararka, ya ce yana bin ka bashi, ko ka saɓa yarjejeniya, ko ka jawo masa asara. Ba a kira shaida ko ɗaya ba, wataƙila ma sammaci bai iso hannunka ba, sai ka je cirar kuɗi banki ya ce an rufe asusunka da umarnin kotu. Ko a rubuta a rajistar filaye cewa gidanka ba ya sayuwa, ba ya jinginuwa, har sai an gama shari'a. Ko a zo a garƙame sito da duk kayan da ke ciki. Babu alƙalin da ya ce ka ci haƙƙin kowa. Abin da aka ce kawai shi ne ƙila ka ci, kuma ƙila ka ɓoye dukiyarka kafin a kai ga hukunci.

Dokokin ƙasashe da dama sun bar wa irin wannan mutum ƙofa guda: ya ajiye kuɗi a kotu, ko ya kawo wanda zai tsaya masa, a sakar masa dukiyarsa. Kuɗin su zauna a madadin kadarar. In mai ƙara ya yi nasara a biya shi daga ciki, in ya sha kaye a mayar wa mai su. Ƙofa ce mai amfani, ban kuma ga dalilin toshe ta ba. Inda nake ja shi ne yadda ake auna kuɗin, da wuyan da ake rataya wa nauyin. Muddin ba a yanke hukunci ba, mutum biyu ne tsaye gaban alƙali, kowannensu yana iya zama shi ne marar gaskiya. To don me ɗaya zai kwaso dukiyarsa ya ajiye, ɗayan kuma ya wuce da takardar rantsuwa kawai?

Ba don zalunci aka ƙirƙiro riƙe dukiya ba, wannan dole a faɗa. Shari'a tana cin shekaru, kuɗi kuwa cikin minti guda suke tsallaka iyaka. Wanda ya san zai sha kaye yana da isasshen lokacin sayar da gida, ya mayar da motoci sunan ƙaninsa, ya kwashe asusu, ranar hukunci ya shigo kotu da rigar jikinsa. A Ingila, tun daga shari'ar Lister da Stubbs ta 1890, ƙa'idar ita ce ba a taɓa dukiyar mutum sai an ci shi a shari'a. Abin ya sauya a 1975, lokacin da masu jiragen ruwa suka riƙa zuwa kotu suna kukan masu hayar jiragensu sun ƙi biya, kuɗinsu kuma suna bankunan Landan, ana iya kwashe su kowane lokaci. Kotun Ɗaukaka Ƙara a ƙarƙashin Lord Denning ta yarda a hana taɓa kuɗin, aka riƙa kiran irin wannan umarni da sunan Mareva, kamfanin da ya shigar da ɗaya daga ƙararrakin. A 1981 majalisa ta shigar da shi cikin doka. Amma alƙalan Ingila da kansu sun san abin da suka ɗauko, domin ɗaya daga manyansu, Donaldson, ya kira shi ɗaya daga makaman nukiliya biyu na shari'a. Makami irin wannan dole a yi masa takunkumi, kuma kuɗin ajiya ɗaya ne daga cikin takunkuman.

Tsarin da ya fi burge ni a nan shi ne na Jamus. Sashe na 923 na dokarsu ta bin ƙararrakin madaniyya, wato waɗanda ba na aikata laifi ba, ya wajabta wa alƙali, a cikin takardar umarnin riƙe dukiyar kanta, ya rubuta adadin kuɗin da in an ajiye su za a dakatar da riƙon. Japan ma haka ta yi a sashe na 22 na dokarta ta 1989. Amfanin wannan a fili yake. Wanda aka riƙe wa dukiya ya san farashin kuɓutarsa tun ranar farko. Ba sai ya je yana lallashin wanda ya kai shi ƙara ba, ba kuma sai ya shigar da sabuwar buƙata ya zauna jiran ranar da za a saurare shi ba. A Faransa doka ta ce in ya kawo lamunin banki wanda ba a iya janyewa, daidai da abin da ake nema, riƙon ya faɗi. A Indiya, dokar 1908 ta ce kotu ta janye riƙon da zarar an kawo lamunin da aka nema. Duk inda aka bar abin a hannun mai ƙara, ya yarda ko ya ƙi, an miƙa masa wuƙa da nama.

Sai dai rubuta adadi wani abu ne, dacewar adadin kuma wani abu ne dabam. Daga ina alƙali yake samo shi? Kusan kullum daga bakin mai ƙara, a lokacin da ɗaya ɓangaren ba ya nan balle ya musa. Kowa kuma ya san yadda ake rubuta takardar ƙara: uwar kuɗi, kuɗin ruwa, kuɗin lauya, asarar ciniki, ɓata suna, duk abin da alƙalami ya iya ɗauka. A Holan, inda samun izinin riƙe dukiya yake da sauƙi ƙwarai, kotuna kan ƙara kashi 30 cikin 100 a kan da'awar da ba ta wuce yuro dubu 300 ba, don kuɗin ruwa da ɗawainiyar shari'a. Wannan aƙalla ma'auni ne sananne, kowa na iya lissafa shi. Matsalar ita ce ana ɗora shi ne a kan jimlar da ba a riga an tantance ba.

Duniya ta ga misalin wannan a 2021. Jirgin dakon kaya Ever Given ya maƙale a mashigin Suwez ranar 23 ga Maris, ya tare hanya kwana 6. Bayan an ciro shi, wata kotu a Isma'iliyya ta ba da umarnin tsare shi a watan Afrilu, hukumar mashigin kuma ta nemi dala miliyan 916, ciki har da miliyan 300 na zubewar suna. Cikin 'yan makonni ta sauko zuwa miliyan 550. Jirgin bai tashi ba sai ranar 7 ga Yuli, bayan an yi sulhu, kwantena wajen dubu 18 na mutanen da ba su ji ba ba su gani ba suna kansa duk tsawon lokacin. Ba ina cewa Masar ba ta yi asara ba, ta yi. Amma da'awar da ta zubar da dala miliyan 366 kafin a yanke hukunci kan gundarin ƙarar ta nuna adadin farko sallama ce ta buɗe ciniki. In an ɗauki irin wannan adadi aka mayar da shi kuɗin fansar kadara, an bar mai ƙara ya yanka wa kansa rabo ke nan.

Ma'aunin da nake ganin ya fi kusa da adalci shi ne a dubi biyu a ɗauki ƙarami: ko bashin da alƙali ya ga yana da ƙamshin gaskiya, ko darajar kadarar da aka riƙe. Dalili kuwa mai sauƙi ne. In abin da aka riƙe mota ce, iyakar abin da mai ƙara zai samu in an yi gwanjonta shi ne kuɗin mota. Don me za a ce sai an ajiye kuɗin gida kafin a sake ta? Yarjejeniyar ƙasa da ƙasa ta 1999 kan tsare jiragen ruwa ta ce lamunin kada ya wuce darajar jirgin. Dokar jihar New York ma darajar kadarar da ake son kuɓutarwa take dubawa. Ba sabon abu nake kawowa ba.

Ko an gyara ma'aunin, akwai sauran rina a kaba, domin ƙofar nan ba kowa take ɗauka ba. Ɗauki mutum mai motocin dakon kaya biyu. Wani da suka yi hulɗa ya ce yana bin sa dubu 100, ko da wane irin kuɗi ake lissafi. Shi kuma ya ce ya biya rabi, ragowar kuma kayan da aka kawo masa lalatattu ne. Kotu ta riƙe mota ɗaya da asusunsa. Motar na ajiye inda aka kai ta, taya na sacewa, batir na mutuwa, direba da yaron mota suna zaune ba aiki, dakon da ya saba yi wani ya karɓe. Ya nufi banki neman takardar lamuni, ma'aikacin ya tambaye shi me zai jingina. Banki ba ya tsaya wa mutum don Allah da Annabi: ko ya ajiye kuɗin a wurinsu, ko ya ba da kadara, sannan a riƙa cire masa kamasho muddin takardar tana aiki. Asusun da zai ɗebo kuɗin shi ne aka rufe, kadarar da zai jingina ita ce aka riƙe. An ƙwace wa manomi fartanya, an ce ya je ya nomo kuɗin fansarta.

A mako na uku lauyan mai ƙara ya kira nasa lauyan: "Ku kawo dubu 70 mu janye, gobe a saki mota." Ya lissafa abin da yake asara kullum, ya lissafa watannin da shari'ar za ta ci, ya ranto ya biya. A littafin kotu za a rubuta an yi sulhu. Ko yana da gaskiya ko ba shi da ita, babu wanda zai ƙara tambaya.

Babban kamfani bai san wannan tashin hankali ba. Masu jiragen ruwa suna da ƙungiyoyin inshora na taimakon juna, waɗanda manyansu ke ɗauke da kusan kashi 90 cikin 100 na nauyin jiragen da ke ratsa teku. Da an yi barazanar tsare jirgi, ƙungiyar ta rubuta wasiƙar alƙawarin biyan duk abin da kotu ta yanke, sau da yawa jirgin bai ma kwana a tsare ba. Wasiƙa ce kawai, ko sisi bai motsa ba. Mai mota biyu kuwa sai tsabar kuɗi. Shi ya sa nake ganin kuskure ne kotu ta kafe a kan tsaba. Gida, fili, hannun jari, takardar kamfanin inshora, mutum mai hali da ya yarda ya tsaya, duk suna iya yin aikin. Kuma in aka riƙe abin da mutum ke cin abinci da shi alhali yana da wata kadarar da ke kwance, a bar shi ya musanya. Motar da ke kan hanya ita ce za ta samo kuɗin da za a biya mai ƙara in ya yi nasara, wadda ke ruɓewa a harabar kotu ba ta amfanar kowa. Umarnin Ingila ya fahimci wannan, domin yakan bar wa mutum kuɗin cefane, da na lauya, da na tafiyar da kasuwancinsa na yau da kullum.

Kotun Ƙolin Amurka ta ci karo da wannan matsala tun da daɗewa. A shari'ar Fuentes ta 1972, wata mata a Florida ta sayi murhun gas da na'urar sauraron kiɗa a kan biya kaɗan-kaɗan, saura wajen dala 200 aka samu saɓani, kamfanin ya sa aka zo aka ɗauke kayan ba tare da an ji ta bakinta ba. Dokar jihar ta ba ta kwana 3 ta kawo lamunin ninki biyu na darajar kayan in tana son su dawo. Wadda ke sayen murhu kaɗan-kaɗan, ina za ta samo ninki biyu cikin kwana 3? Kotun ta ce wannan dama ba ta maye gurbin sauraro ba. A 1975 kuma ta soke dokar jihar Jojiya, inda aka rufe wa wani kamfani asusu kan da'awar sama da dala dubu 51, kuma babu hanyar buɗe shi da wuri sai ajiye lamuni. Abin lura a nan shi ne kamfanin ya ajiye lamunin, asusunsa ya buɗe, sannan ya ci gaba da ƙalubalantar riƙon. Haka ya kamata abin ya kasance ko'ina. Wanda ya ajiye kuɗi don ya ceci kasuwancinsa bai amsa bashi ba, bai kuma yafe haƙƙinsa na cewa tun farko riƙon bai halatta ba. Wata tsohuwar yarjejeniyar tsare jiragen ruwa, ta 1952, ta rubuta ɓaro-ɓaro cewa neman a saki jirgi a kan lamuni ba amsa bashi ba ne. In daga baya alƙali ya ga riƙon ba shi da tushe, kuɗin ajiyar su fita tare da shi, ba sai an jira ƙarshen shari'a ba.

Akwai wata riba da mai ƙara ke ci a ɓoye wadda ba a cika magana a kanta ba. A Holan, riƙe kadara ba ya ba ka fifiko a kan sauran masu bin bashi, kuma in wanda ake ƙara ya karye, riƙon ya rushe, kowa ya shiga layi. Amma in an musanya riƙon da lamunin banki, kai kaɗai banki zai biya, ko mutumin ya karye ko bai karye ba. Wato wanda ya ba da bashi ba tare da jingina ba, ya wayi gari da jinginar da ta fi ta kowa ƙarfi, don kawai ya riga kowa zuwa kotu. Kotun Ƙolin Indiya ta yi kashedi a kan haka a shari'ar Raman Tech, inda ta ce ba a yi wannan iko don a mayar da bashin da ba shi da jingina ya zama mai jingina ba, ba kuma don a matsa wa wanda ake ƙara ya yi sulhu dole ba.

Tunda ribar ta kai haka, mai nemanta ya sa nasa a tebur. Nan ne zuciyar maganata. Duk wanda ya roƙi kotu ta ɗaure dukiyar wani kafin hukunci, ya ajiye abin da za a biya diyya da shi in ta bayyana bai da gaskiya. Jamus ta tafi kai tsaye: sashe na 945 ya ce in riƙon bai cancanta ba tun farko, mai ƙara zai biya asarar da ya jawo, ko da da kyakkyawar niyya ya yi. A Ingila ba a ba ka umarnin sai ka yi wa kotu alƙawarin biyan diyya, kuma tana iya cewa ka ƙarfafa alƙawarin da lamuni. Dokar Tarayyar Turai ta rufe asusun banki a tsakanin ƙasashe, wadda ta fara aiki a Janairun 2017, ta ce wanda bai riga ya sami hukunci ba sai ya ajiye lamuni, kamar yadda ta ba ɗaya ɓangaren damar ajiye nasa ya buɗe asusu. A Amurka, shari'ar Connecticut da Doehr ta 1991 ta taso ne daga faɗa tsakanin mutum biyu, ɗaya ya kai ƙarar duka, ya sa aka riƙe gidan ɗayan a kan dala dubu 75, da 'yar takardar rantsuwa, ba sauraro, ba ajiyar ko sisi. Kotun Ƙoli ta soke wannan tsari, huɗu daga alƙalanta kuma suka ƙara da cewa lamuni daga mai ƙara ma wajibi ne.

Amma a wurare da yawa abin suna ne kawai. Dokar New York ta ce lamunin mai ƙara kada ya gaza dala 500, sauran kuma alƙali ya gani. A Indiya diyyar da kotun da ke shari'ar za ta iya yankewa nan take kan riƙon da ba shi da hujja ba ta wuce rupi dubu 50 ba. A sa wannan kusa da abin da ake nema daga wanda ake ƙara, wato dukan bashin har da ƙari, sai a ga inda sikelin ya karkata. Lamunin mai ƙara ya kamata a auna shi da ɓarnar da riƙon zai iya yi: ribar motar da ta tsaya, cinikin gidan da ya rushe, kamashon da banki ya ci. Wanda ya san zai yi asara in ya zuzuta da'awarsa, da kansa zai rage ta kafin ya miƙa.

Na san abin da za a ce, kuma magana ce mai nauyi. Ma'aikacin da aka hana albashin wata shida, kamfanin kuma yana tattara komatsansa zai bar gari, ina zai sami lamuni? Matar da mijinta ya rasu, abokin kasuwancinsa yana sayar da kayan da suka haɗa, a ce ta ajiye me? In aka ce kowa sai ya ajiye, an yi gudun gara an faɗa gidan zago, talaka ya rasa makamin da ya fi kowa buƙata. Amsata ita ce lamunin mai ƙara ya riƙa sauka gwargwadon ƙarfin hujjarsa da ƙarancin halinsa. Wanda ya zo da takardar albashi, ko takardar bashi mai sa hannu, ko cakin da banki ya dawo da shi, haɗarin kuskure a kansa kaɗan ne, alƙali na iya rage masa ko ya yafe gaba ɗaya, kamar yadda dokar Turai ɗin ta ba da dama. Wanda ya zo da labarin baka da jimla mai sifiri shida, ya ajiye. In kuma an yafe wa mai ƙara, sai a rama wa ɗaya ɓangaren da saurin shari'a: a saurare shi cikin kwanaki, ba watanni ba. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a tausaya wa talaka in shi ne mai ƙara, a manta da shi in shi ake ƙara, alhali a ƙarar bashi ya fi yawan zama a kujera ta biyu.

Saura kuɗin kansu bayan sun shiga hannun kotu. Shari'ar da ta ci shekara biyar a lokacin hauhawar farashi, abin da za a mayar wa mutum lamba ce iri ɗaya da wadda ya ajiye, amma ba ta sayen abin da take saye a da. Wanda ba ya karɓar kuɗin ruwa saboda addininsa ma ya fi shiga uku, wannan kuma ƙarin dalili ne na karɓar kadara maimakon tsaba. Inda ake juya kuɗin kuwa, ribarsu ta mai su ce. A 1980 Kotun Ƙolin Amurka ta hana wata ƙaramar hukuma a Florida cinye ribar sama da dala dubu 100 da ta taru a kan kuɗin da aka ajiye a kotunta, ta ce riba tana bin uwar kuɗi. Sannan ga wahalar fitar da su. Shigarwa rana ɗaya ce, fitarwa kuwa sai sabuwar takarda, sai sa hannun magatakarda, sai a ce mai ƙara ya ɗaukaka ƙara a dakata. Hukuncin da ya kori ƙara ya kamata ya ƙunshi umarnin sakin kuɗin da ranar sakinsu. In mai ƙara yana son su ci gaba da zama har a gama ɗaukaka ƙara, ya nemi haka da kansa, ya kuma ƙara nasa lamunin, domin a wannan matakin kotu ɗaya ta riga ta ce ba shi da gaskiya.